Takwas Na Haifa

Takwas na haifa. Na ce wa Malam Awudu Ticha, maƙwabcina da yake riƙe mini alƙalami, ya fara da wannan maganar, kuma kada ya gyara mini baki ko da na yi zagi. Ni ban shiga aji ba, ko a asibiti sai dai in dangwala yatsa. Sunana Hamsatu. A unguwar Nima, nan Accra, aka haife ni, kakana ne ya zo daga Kano da fataucin goro bai koma ba. Fiye da shekara arba'in ina sayar da koko da ƙosai a bakin babbar kwatar da ta raba mu da Maamobi, kuma duk wanda ya saba da tukunyata ya san ba na ƙarya. Amma akwai wani ofishin masu bincike a Kokomlemle da lissafinsu ya ce bakwai na haifa, kuma daga bakina suka ɗauka.

Shekara huɗu ke nan da suka shigo unguwa. An yi shela a masallaci cewa masu ƙidayar haihuwa za su zo, suna son sanin ko matan zango, wato unguwanninmu na Hausawa, sun rage haihuwa ko suna nan yadda suke, a ba su haɗin kai. Wadda ta zo wajena wata 'yar jami'a ce, 'yar kudu, ba ta jin Hausa, da Twi muka yi magana. Ga ta da riga mai tambari, ga wata waya mai faɗin faranti tana latsawa. Ba ta same ni a ɗaki ba. A bakin kasko ta same ni da hantsi, mai yana tafasa, maza biyar a kan benci suna shan koko, cikinsu har da mijin 'yata Nafi.

Ta ce, "Maame, sau nawa kika haihu?"

Na ce mata 'ya'ya ba awaki ba ne da za a tsaya ana ƙirga su a bakin titi. Ta yi dariya, ta ce minti goma kawai. Ta ce in faɗi duka, rayayyu da matattu, in jero sunayensu tun daga na farko.

Tun daga na farko! A gaban surukina!

Duk macen da ta tashi a gidan mutunci ta san ba a kama sunan ɗan fari. Ba ki kiransa, ba ki yabonsa, ba ki nuna kin san da shi a gaban mutane. Uwata har ta mutu ba ta taɓa furta sunan yayanmu ba, in aka tambaye ta cewa take ɗan kishiyarta ne, alhali ba ta da kishiya. Haka aka tashe mu. To ni 'yar farina mace ce. Ina da shekara goma sha bakwai na haife ta. Da aka yaye ta, Fuseina, yayar maigidana marigayi, ta zo daga Kumasi ta ɗauke ta riƙo, don ita Allah bai ba ta mace ba. Ni na ƙulla mata 'yan kayanta a ɗankwali. Ban raka su tasha ba, don za a ce ba ni da kunya. Na shiga makewayi na toshe bakina da zane. Ba wanda ya sani sai yau da nake faɗa wa Ticha.

Saboda haka na juya ƙosai na ce wa yarinyar nan bakwai. Na fara da Muftahu. Sai Dramani da ƙyanda ta ɗauke yana shekara biyu. Sai Nafi. Sai wani namiji da ya kwana uku ya koma, ba a kai ga yanka masa rago ba. Sai Braimah, Rahinatu, da autana Abubakari. Ta latsa, ta latsa, ta ce, "Shi ke nan, Maame? Ba wanda kika manta?" Na ce ta matsa, hayaƙi zai shiga mata ido.

Bayan wata shida suka dawo da tukwici. Kowace mace bokitin roba, sabulu sanda ɗaya, da wata takarda da aka manne cikin roba mai ƙyalli, wai tarihin haihuwarta ne, ta ajiye don 'ya'ya da jikoki. Ta burge ni. Na rataye ta a bango kusa da hoton maigida. Fiye da shekara biyu tana nan, ina share mata ƙura, ban san abin da take faɗa wa duk mai karatun da ya shigo ɗakina ba.

Waccan ta Kumasi kuwa, haka nake ce mata, ta girma a hannun Fuseina. Fuseina take kira Mma, ni kuma Anti. Ta yi makaranta har ta iya ɗinki da karatun boko. Aure biyu ta yi, ko ɓari ba ta taɓa yi ba. Na farkon uwarsa ce ta sa ya sake ta. Na biyun da kansa ya ce ya gaji da ciyar da ƙasar da ba ta tsiro. Ina jin labari daga bakin masu zuwa, in ce, "Allah ya kyauta," in ci gaba da dama kokona. Me zan ce? Ba ni ke da ita ba.

Bara bayan Babbar Salla aka gano ƙari a mahaifarta. Mahaifar da ba ta taɓa ɗaukar ɗa ba, ita ta ɗauki abin da zai kashe ta. Likitan Kumasi ya turo ta babban asibiti a nan Accra, sai ta sauka a ɗakina. Tana da shekara arba'in da shida, ta rame har zobenta yana zamewa. Na ba ta gado, na koma tabarma. Ina dama mata koko marar yaji in tace sau biyu. In ce, "Ke, ga shi." Ta ce, "Na gode, Anti." Wata biyu iyakar hirarmu ke nan. Amma in ta yi barci da rana nakan zauna in kalli ƙafafunta. Yatsun irin nawa ne sak, na biyun ya fi babban tsawo.

Wata ranar Litinin bayan la'asar na shigo da ruwan wanka, na tarar ta sauko da takardar daga bango tana riƙe da ita a cinya.

Ta ce, "Anti, ashe bakwai kika haifa."

Na ce, "Ajiye wannan, abin masu ƙidaya ne."

Ta ɗora yatsa a layin sama. "Nan an rubuta haihuwa ta farko, Muftahu. Ashe Muftahu ne ɗan farinki."

"Ke ma kin san yadda abin yake. A gaban mijin Nafi aka tambaye ni."

"Na sani. Ban ce ki kama sunana ba, ni ma 'yar zango ce." Ta numfasa, don magana mai tsawo tana ba ta wuya. "Amma ga wani nan, layi na huɗu. Ba shi da suna. An rubuta namiji, kwana uku. Wanda ya kwana uku a duniya kin ƙirga shi, Anti. Ni shekara arba'in da shida."

Na tsaya da bokiti a hannu, ruwa yana zuba mini a ƙafa.

Ta ce, "Mu ma sun zo mana a Kumasi, irin waɗannan. Suka tambaye ni nawa na haifa, na ce babu. Yarinyar ta rubuta sifili. To ga shi nan ma babu ni. Ban haifi kowa ba, kuma ba wanda ya haife ni." Ta yi 'yar dariya. "Aikinsu ya yi sauƙi a kaina."

Ta miƙo mini takardar, ta juya fuska bango.

Washegari na kai wa Ticha takardar na ce ya ƙara ta a sama. Ya san sunan, bai sa ni faɗa ba, Allah ya saka masa. Ya rubuta da biro a kan robar. Na kai mata, na ajiye kusa da filo kamar ba da gangan ba. Ta duba, ta sa babban yatsa ta shafa sau ɗaya, tawadar ta bi yatsan.

Ta ce, "Wannan rubutun Ticha ne. Su abin da kika faɗa suka rubuta."

Ni jaka, sai na ɗauka rubutun ofis take so, mai tambari, wanda ba ya gogewa. Na ce a raina, to, ko a ƙarƙashin ƙasa ofishin nan yake sai na tono shi.

Ticha ya karanta mini adireshin da ke ƙasan takardar. Na rufe tukunya na hau trotro, motar hayarmu, zuwa Kokomlemle. Gida ne mai bene, da farin fenti da bishiyar mangwaro. Zuwan farko mai gadi ya ce manya sun tafi taro, in dawo Alhamis. Ranar Alhamis wata mai dogayen farce ta karɓi takardar da yatsa biyu, ta ce wannan aikin an rufe shi tuntuni, har an buga littafi. Na ce a buɗe. Ta ce ba a buɗewa. Na ce ashe kabari ne. Ta kira mai gadi. Na zauna a kan matakala na ce wallahi sai dai a ɗauke ni a makara. A ƙarshe suka ce shugaban aikin zai shigo Talata.

Kafin Talatar jikinta ya ƙara tsanani. Ta daina shan kokon ma, sai dai in jiƙa auduga in shafa mata a leɓe. Nafi ta buga wa Fuseina waya ta ce ta taho. Da safen Talata na ɗaura ɗankwali, na ɗauki takardar. Ta buɗe ido ta ce, "Anti, ina za ki kuma?"

Na ce, "Zan je in gyara abin nan."

Ta ce, "Zauna mana."

Na ce, "Yanzu zan dawo."

Ticha, rubuta wannan yadda na faɗe shi. Ta ce in zauna, na ce yanzu zan dawo.

Sai bayan azahar aka shigar da ni wajen shugaban. Dokta Abdul-Rahim sunansa, ba likitan allura ba, likitan lissafi. Ina shiga ya miƙe ya gaishe ni da Hausa, har da rusunawa. Ashe ɗan Maamobi ne, ya ce yana yaro ya sha kokona ba adadi. Raina ya ɗan yi sanyi. Na ce ga ɗan gida, zai gane.

Na ba shi labari tun daga bakin kasko. Ya saurara bai katse ni ba. Da na gama ya ce, "Mma, na gane sarai. Tawa uwar ma ba ta kama sunan yayata."

"To ka gyara."

"Mma, babu inda zan gyara. Ranar da aka gama buga muku takardun nan aka cire sunayen kowa daga na'ura, don a kare sirrinku. Mata dubu uku da wani abu, kowace ta zama lamba. Ko ni ban san wace lamba ce ke ba."

"Ga ni a gabanka. Hamsatu mai koko. Wane sirri kuke kare mini? Sirrin da kuka tambaye ni a bakin titi?"

Ya sunkuyar da kai. Ya ce wannan kuskure ne, ya kamata a same ni a ɗaki. Sannan ya jawo wani littafi mai kauri ya buɗe, ya nuna mini wani zane, layi yana gangarowa kamar hanyar ruwa. Ya ce wannan haihuwar matan zango ce. A zamaninmu mace takan haifi shida ko bakwai, 'ya'yanmu uku ko huɗu, jikokinmu ma ƙasa da haka. Ya ce da wannan layin ake tsara yawan azuzuwa da gadajen asibiti.

Na ce, "Ina 'yata a ciki?"

Ya gyara tabarau. "Mma, in kwantar miki da hankali. Mun san tsofaffin mata sukan ɓoye ɗan fari, wasu su tsallake waɗanda suka mutu. Ba ke kaɗai ba ce. Saboda haka muna da hanyar da muke cike giɓin. Mukan ƙara ɗan wani abu a kan adadin kowace mace mai shekarunki. In an bi ta lissafi, 'yarki tana ciki."

"Ɗan wani abu nawa?"

"Bai kai mutum ɗaya ba ga kowace mace. Kamar kashi ɗaya cikin biyar."

Na dube shi. Ɗan Maamobi, wanda ya sha kokona.

Na ce, "Kwana biyu na yi ina naƙudarta a ɗakin uwata. Da kai ta fito, da hannu biyu da ƙafa biyu, da gashi cike da kai. Kai kuma ka yanka ta biyar ka raba wa matan unguwa kamar naman layya, ka ce in kwantar da hankali. Kun san muna ɓoyewa! Kun sani, amma kuka turo mana wadda ba ta sani ba, ta tsaya a gaban surukina. Me ya hana ku koya mata ta ce, Maame, ban da waɗannan, akwai wanda aka ba wani riƙo? Da na gyaɗa kai kawai. Gyaɗa kai ba ya karya kunya. Kun fi son ku bar mu mu yi ƙarya, ku zo ku gyara a ofis da fanka tana kaɗa ku."

Can ya ce zai rubuta wannan, za a yi amfani da shi a zagaye na gaba. Na ce zagaye na gaba 'yata tana ƙasa.

Ya ce abu ɗaya zai iya yi mini. Zai buga mini sabuwar takarda irin waccan, da tambari, a manne ta a roba. Amma in sani ba za ta shiga ko'ina ba, littafi ya riga ya fita, layin nan ba zai motsa ba. Na ce ya buga. Ya juya ga na'urarsa, ya ɗora yatsu.

"Haihuwa ta farko. Sunanta, Mma?"

Na ce ya duba saman tsohuwar takardar, ko tawadar Ticha ta bar alama. Ya duba, babu. Ya ce ba zai iya rubuta abin da bai ji ba.

Na kalli ƙofa, a rufe take. Ba kowa sai ni da shi. Tun ranar suna, da liman ya faɗa aka shigo aka gaya mana, sunan nan bai taɓa bi ta bakina ba. Akwai wata mai sayen ƙosai da take da irinsa, shekara goma ina ce mata 'yar Alhaji.

Na ce, "Suweiba."

Ya ce, "Da wace shekara?"

Haka kawai. Da wace shekara. Na fitar da abin da na riƙe shekara arba'in da shida, ya faɗa kunnen mutumin da yake neman inda harafi yake a na'ura.

Na fito da takardar da ɗuminta, na sa a cikin riga. Hanya ta cushe, trotro ya tsaya cak, na sauka na ƙarasa da ƙafa. Ina shiga gida na ga ɗakina a buɗe, gado babu kowa. Matar Ticha ta ce tun sha biyu numfashinta ya canza, Nafi da Muftahu suka sa ta a tasi. Ta ce kafin a fita da ita ta tambaya ko na dawo.

A asibiti na tarar Fuseina ta iso, tana zaune a gefen gado ta riƙe mata hannu. Ga ƙannen maigida biyu a tsaye, ga mijin Nafi, ga 'ya'yana. Idonta a buɗe, amma ba ya bin komai. Na ciro takardar na kai ta daidai fuskarta. Na ce, "Ke, ga shi an gyara. Duba layin sama." Ba ta duba ba. Nafi ta karɓa ta karanta mata da ƙarfi, haihuwa ta farko, ta faɗi sunan. Ko ƙifta ido ba ta yi ba.

Nafi ta matso ta raɗa mini, "Mma, ki kira ta. An ce kunne ne yake ƙarshen tafiya."

Na sunkuya. Na ji warin maganin da ke jikinta. Na buɗe baki. Sai na ga idon Fuseina a kaina, da na mazan nan biyu, dangin miji, a jere. Wallahi ba su ce komai ba, ƙila ma ba abin da ke ransu. Amma bakin da ya buɗe wa baƙo a Kokomlemle ya ƙi buɗewa a nan. Abin da ya fito shi ne, "Ke. Ke, sannu."

Na ce gobe in an watse zan faɗa. Da hantsin Laraba ta cika, ina waje ina wanke mata zane.

A zaman makoki Fuseina aka sa a tsakiya, ita ake yi wa ta'aziyya, ita ta yi rashin 'ya. Haka ne daidai, ita ta raine ta. Ni ina bayan gida ina dama kokon sadaka. Mata suna wucewa suna cewa, "Hamsatu akwai dauriya, ko hawaye babu." Aka yaba mini.

Bayan sadakar arba'in na koma Kokomlemle. Na ce wa Dokta takardarsa ta makara, yanzu littafin nake so a gyara. A nemo lambata a goge bakwai a sa takwas, a cire ɗan guntun da suka ƙara mini, ba na so, a sa mutum ɗaya cikakke. Ya ce ba zai yiwu ba, kuma ko ya yiwu layin ba zai nuna ba, ko da kaurin gashi. Na ce ban damu da layinsa ba. Ya ba ni ruwan sanyi, ya raka ni har ƙofa. Na sake komawa sau huɗu. Yanzu mai gadi yana hango ni yake jawo ƙyaure.

Mutane suna cewa in haƙura, laifin ba na ofis ba ne. Na san rabona a ciki, ba sai an gaya mini ba, da shi nake tashi kullum in hura wuta. Amma nawa laifin ba shi da ƙofar da zan je in buga. Nasu yana da ita.

Takardun biyu suna nan a ɗakina. Tsohuwar na kife ta a ƙasan akwati. Sabuwar tana bango, kuma ba na bari a karanta mini, na san inda layin yake.

Ticha ya ajiye alƙalami yana tambayata wa za a kai wa wannan rubutun, tunda ofis sun ce an rufe. Ban sani ba. Na ce dai ya rubuta sunan a ƙarshe, ni zan faɗa da bakina ya ji, kada ya ɗauko daga kansa.

Suweiba. Ni na haife ta, ranar wata Juma'a, da damina.